Krystyna Janda: Ta Wace Ƙofa Za Ka Shiga Finafinanta?

Ƙanwata da ke karatun wasan kwaikwayo ce ta turo mini saƙo da daddare. "Yaya, malaminmu ya ce kowa ya je ya kalli wasan wata jarumar Poland, Krystyna Janda. Na duba na ga finafinanta ba sa ƙirguwa, ga shi datata ba ta da yawa. Da wanne zan fara?"

Ban ba ta amsa a daren ba. Matar nan ta shafe fiye da shekara 50 tana wasa, kuma ba mace ɗaya ake gani a finafinanta ba. Wanda ya fara da fim ɗin da bai dace da shi ba zai iya kashe waya bayan minti 20 ya ce babu komai a ciki, alhali ƙofar da ya bi ce ba tasa ba.

Sunan nata a bakin mutanen ƙasarta "Kristina Yanda" ne. An haife ta ranar 18 ga Disamba, 1952 a garin Starachowice, ta kammala makarantar koyon wasan kwaikwayo ta Warsaw a 1975. Tun tana ɗaliba ta fito a talabijin a 1974. Daga nan ba ta huta ba: fim, talabijin, dandamali, har ta ba da umarnin fim nata na kanta a 1995, ta buɗe gidan wasan Teatr Polonia a Warsaw a 2005, ta ƙara da Och-Teatr a 2010. Ga mai kallo daga nesa irinmu, wanda ba zai je Warsaw ya zauna a kujerar gidan wasa ba, ƙofofi huɗu ne a buɗe: finafinai biyu daga cikin waɗanda ta yi da darakta Andrzej Wajda, fim ɗin kurkuku na Ryszard Bugajski, aikinta na talabijin, da finafinan da ta yi bayan ta manyanta.

Ma'aunan da na ɗora su a kai

Na farko kuɗi. Ga mafi yawanmu kuɗin fim data ne, data kuwa tsawon fim take bi. Wanda yake son faifai na asali sai ya haɗa da kuɗin aiko shi daga Turai ko Amurka, kuma akwai tarko a nan. Faifan Blu-ray na Amurka na shiyyar A ne, Turai da Afirka kuwa suna shiyyar B tare. Na DVD ma haka: Amurka shiyya ta 1, Turai ta 2, ƙasashenmu na Afirka ta Yamma ta 5. Wasu na'urorin suna karanta kowane faifai, wasu ba sa yi, don haka a duba bayan kwalin kafin a biya.

Na biyu ƙarko. Fim ɗin zai jure kallo na biyu da na uku, ko kuwa da an san ƙarshensa ya mutu? Na uku sauƙi: yawan tarihin Poland da sai ka sani kafin ka gane abin da ake yi, da yawan maganar da za ka bi a rubuce a ƙasan allo, tun da da harshen Poland ake magana a kusan dukkansu. Na huɗu kasada, kuma ina nufin abu biyu: abin da ido zai gani wanda ba ka so ya same ka a gaban iyaye ko yara, da yiwuwar ka kashe data a kan kwafin da fassararsa ta karkace.

Na ƙara na biyar da kaina, don shi ne mutane suka fi mantawa: rabonta a fim ɗin. Akwai manyan finafinan da sunanta ke jiki amma labarin na wani ne. *Mephisto* na István Szabó, wanda ya ci kyautar Oscar a 1982, misali ne. Ta fito a matar jarumin, ta yi kyau, amma fim ɗin na Klaus Maria Brandauer ne daga farko har ƙarshe. Shi ya sa ban sa shi a jerin ƙofofin ba.

Ƙofa ta farko: finafinan Wajda guda biyu

*Człowiek z marmuru*, wato Mutumin Mabul, ya fito a watan Fabrairun 1977. Janda ta fito a Agnieszka, ɗaliba mai haɗa fim ɗin kammala karatu a kan wani birkila, Mateusz Birkut, wanda gwamnatin gurguzu ta ɗaga shi sama a farkon shekarun 1950 a matsayin gwarzon ma'aikata a Nowa Huta, sabon garin masana'antar ƙarfe da aka gina a gefen Kraków. An shirya masa gasar jera bulo 30,000 a zaman aiki ɗaya, an ɗauke shi a kyamara, an sassaƙa mutum-mutuminsa da farin dutsen mabul. Daga baya aka sauke hotonsa daga bango, aka jefa mutum-mutumin a ɗakin ajiyar gidan tarihi. Agnieszka tana son sanin abin da ya faru, shugabanninta a gidan talabijin kuma ba sa so ta sani.

Abin da ba na mantawa a fim ɗin shi ne tafiyarta. Tun fagen farko tana ratsa dogon barandar gidan talabijin, sanye da wandon jins, ƙatuwar jaka a kafaɗa, tana gardama da editanta ba tare da ta rage sauri ba. Ba ta iya zama wuri ɗaya. Idan ta zauna ƙafarta na rawa, idan ta tsaya hannunta na neman taba. A ɗakin ajiyar nan ta haye kan mutum-mutumin da ke kwance a ƙasa tana ɗaukarsa a sace. Wasu suna cewa ta cika rawar kai a wannan fim, kuma na fahimci dalilinsu. Ni dai ina ganin dole ce ta sa: duk wanda ta je wajensa ya koyi yin shiru tun shekara 20 da suka wuce, sai mai irin wannan naci ne zai iya buɗe bakinsu. Tana da shekara 23 lokacin ɗaukar fim ɗin.

Labarin da kansa ya sha zaman jira. Aleksander Ścibor-Rylski ya rubuta shi tun farkon shekarun 1960, hukuma ta ƙi amincewa sai bayan fiye da shekara 10. Ko da aka yarda, masu tace finafinai sun yanke ƙarshen da ya taɓo kisan ma'aikata da jami'an tsaro suka yi a garuruwan gaɓar teku a Disambar 1970. Fim na biyu, *Człowiek z żelaza*, Mutumin Ƙarfe, shi ya cike wannan gurbi. An yi shi cikin gaggawa bayan yajin aikin masana'antar ƙera jiragen ruwa ta Gdańsk na Agustan 1980, wanda ya haifi ƙungiyar ƙwadago ta Solidarność. Lech Wałęsa, jagoran ƙungiyar, ya fito a ciki da kansa, a matsayin shaidar ɗaurin auren Agnieszka. Fim ɗin ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Cannes a 1981, kafin shekarar ta ƙare kuma, ranar 13 ga Disamba, aka kafa dokar soja a ƙasar.

A ma'aunin kuɗi wannan ƙofa ta fi kowace tsada, don biyun sun haura awa 5. Kamfanin Second Run na Ingila ya fitar da na farkon a faifai da fassarar Turanci. Ƙarko kuwa na farkon yana da shi sosai: a kallo na biyu ne za ka fara lura da yadda aka cakuɗa tsoffin hotunan labarai na gaske da waɗanda Wajda ya ƙirƙira, har ka kasa bambancewa, wanda shi ne ainihin abin da fim ɗin ke faɗa game da farfaganda. Na biyun bai kai shi ƙarko ba. Zafin lokacinsa ne ƙarfinsa, kuma rabon Janda a ciki kaɗan ne, sai can gaba take fitowa, a tsare, ta natsu, ba wannan guguwar ta farko ba. Sauƙi babu shi sosai: wanda bai san komai game da zamanin Stalin, shugaban Tarayyar Soviet, ko Solidarność ba zai yi ta tsayar da fim yana tambaya. Kasadar ido matsakaiciya ce. Akwai fage a na farkon inda Agnieszka ta je neman wani tsohon jami'in tsaron farin kaya da ya koma shirya rawar tuɓe kaya, akwai kuma shan giya a duka biyun.

Ƙofa ta biyu: *Przesłuchanie*

Ma'anar sunan ita ce tuhuma, irin wadda ake yi wa wanda aka tsare. A nan ne wasanta ya kai ƙololuwa, kuma a nan ne na fi jin tsoron tura sabon shiga.

Shekarar 1951 ce a labarin. Tonia mawaƙiya ce da ke yawon nishaɗantar da ma'aikata da sojoji, ba ruwanta da siyasa. Ta yi faɗa da mijinta, wasu maza biyu suka ɗura mata giya, ta farka a kurkuku ba ta san laifinta ba. Abin da jami'an tsaro ke so shi ne ta sa hannu a takardar ƙarya da za ta hallaka wani mutum da ta taɓa sani. Ba jaruma ba ce da aka shigo da ita. Mace ce mai son wasa da dariya, wadda da farko take zaton kuskure aka yi kuma za a sallame ta kafin la'asar. Sannu a hankali, yayin da ake ƙwace mata komai, sai ta gano akwai abu ɗaya da ba za ta bayar ba. Janusz Gajos ne babban mai tuhumar, Adam Ferency ƙaramin jami'in da zuciyarsa ta fara rawa, darakta Agnieszka Holland kuma ta fito a wata 'yar gurguzu da ke ɗaki ɗaya da Tonia, wadda har a cikin kurkukun take kare jam'iyyar da ta ɗaure ta.

Ɗalibin wasa ya zuba ido a kan fuskarta da muryarta. A farko komai nata a waje yake, baki a buɗe, ido na yawo, dariya na zuwa ba a kira ta ba. Can tsakiya, bayan an jefa ta a ɗakin da ake cika shi da ruwa, dariyar tana nan amma ta zama makami, ita take mayar wa mai tuhuma idan ya zaci ya karya ta. Kusa da ƙarshe ko ɗaga ido sai ta yi da ƙyar. Babu wani fage guda da za ka nuna ka ce nan ne ta canza. Canjin a warwatse yake cikin awa biyun.

An kammala fim ɗin a 1982, a tsakiyar dokar soja, hukuma ta kulle shi. Mutane suka riƙa kwafarsa a kaset ɗin bidiyo a ɓoye, suna taruwa a gidaje suna kallo. An rusa rukunin masu shirya finafinai da Wajda ke jagoranta, wanda a ƙarƙashinsa aka yi fim ɗin, a 1983, Bugajski kuma ya yi ƙaura zuwa Kanada a 1985. Sai a Disambar 1989 aka haska shi a fili a Poland, a 1990 kuma Janda ta karɓi kyautar jarumar da ta fi kowa a Cannes, shekara 8 bayan ta yi wasan.

Kuɗinsa matsakaici ne, kusan awa 2, kuma Second Run ya fitar da shi a faifai. Sauƙin fahimta ya fi na Wajda nesa ba kusa ba, don duk wanda ya taɓa jin labarin an ɗauke mutum ba a faɗi laifinsa ba zai gane abin da ke faruwa ba tare da littafin tarihi ba. Ƙarkonsa iri dabam ne: ba ya fita daga rai, amma mutane da yawa ba sa iya komawa su sake kallonsa. Kasadarsa ita ce mafi girma a duk jerin. Akwai tsiraici na wulaƙanci, duka, azabtarwa, da yunƙurin kashe kai. Ba fim ɗin falo ba ne, ba na yara ba ne, kuma wanda ya taɓa shiga hannun masu azabtarwa ko ɗan'uwansa ya shiga, ya yi shawara da zuciyarsa tukuna.

Ƙofa ta uku: talabijin

*Dekalog* jerin finafinai 10 ne da Krzysztof Kieślowski ya yi wa gidan talabijin na Poland a 1988, tare da marubuci Krzysztof Piesiewicz, wanda lauya ne. Kowane kashi yana da alaƙa da Dokoki Goma da aka bai wa Annabi Musa, kowanne labarinsa daban, amma mutanen duk a rukunin dogayen benaye ɗaya suke zaune a Warsaw. Kashi na 2 shi ne na Janda, bai kai awa ɗaya ba.

Dorota mai kaɗa gogen Turawa ce. Mijinta na kwance a asibiti rai a hannun Allah. Tana ɗauke da ciki wanda ba nasa ba, bayan shekaru ba ta samu haihuwa ba, kuma tana ganin wannan ce damarta ta ƙarshe. Babban likitan da ke duba mijin, dattijo ne da ke zaune shi kaɗai a benensu. Ta tsare shi da tambaya guda: zai rayu ko zai mutu? Idan zai rayu za ta zubar da cikin, idan zai mutu za ta bar shi. Likitan ya ce bai sani ba, don ya ga waɗanda aka fid da rai da su sun tashi, ya ga waɗanda babu abin da ke damunsu sun tafi. Ita kuma ba ta yarda da "ban sani ba".

Mai kallo Bahaushe ba ya buƙatar a yi masa sharhi a nan. Ya san ajali ba a hannun likita yake ba, ya san nauyin rantsuwa, ya san abin da ake nufi da a tilasta wa mutum ya faɗi abin da Allah kaɗai ya sani. Fim ɗin bai wanke Dorota ba, bai kuma jefe ta ba. Ya bar ka da ita a ɗaki.

Wasanta a nan kishiyar na Agnieszka ne. Tana tsaye a bakin taga tana tsinke ganyen wata shuka ɗaya bayan ɗaya, ta kama karan tana lanƙwasawa. Tana zaune ta sa yatsa tana tura kofin shayi a hankali har ya kai bakin tebur ya faɗi, ba ta ko ƙifta ido ba. Babu kuka mai sauti, babu dogon jawabi. A ɗakin asibitin kuma ruwa na ɗiga daga rufi a kan ƙarfen gado, wani ƙwaro da ya faɗa cikin kofi yana ta fafutukar hawa cokali ya fita. Wanda ya fito a likitan, Aleksander Bardini, shi ne ya ba da umarnin wasan talabijin ɗin da ta fara fitowa a ciki a 1974. Mai ɗaukar hoton kashin kuma mijinta ne, Edward Kłosiński, wanda shi ya ɗauki Mutumin Mabul. Ka riƙe sunansa, za mu dawo kansa.

Wannan ƙofa ita ce mafi araha idan kashi ɗaya za ka kalla. Idan faifai kake so, sai dai ka sayi jerin gaba ɗaya. Kamfanin Criterion na Amurka ya fitar da shi a 2016, kuma a nan ne maganar shiyyar A take da muhimmanci. Ƙarkonsa babu kamarsa. Na kalle shi ya fi sau biyar, kowane karo wani nake tausaya wa, wani lokaci matar, wani lokaci likitan, wani lokaci mijin da ke kwance bai san abin da ake yanke wa a kansa ba. Maganar cikinsa kaɗan ce, don haka ido ba ya gajiya da karatu. Amma saboda ƙarancin maganar, kowace kalma tana da nauyi, kuma fassarar inji za ta iya lalata fagen rantsuwar baki ɗaya. Kasadarsa a batun take, cin amanar aure da zubar da ciki, ba a abin da ido ke gani ba. Gargaɗi ɗaya: kada ka ɗauka sauran finafinan jerin haka suke. Na 5 yana nuna kisan kai da rataya ƙuru-ƙuru, na 6 kuma a kan leƙen mace ta taga yake.

Akwai wani aikinta na talabijin da ya kamata a ambata, *Modrzejewska*, mai kashi 7, inda ta fito a Helena Modrzejewska, shahararriyar 'yar wasan Poland ta ƙarni na 19 da ta yi ƙaura zuwa Amurka a 1876. An yi shi ne don masu kallo na cikin gida, saboda haka a tabbatar akwai fassara kafin a fara saukewa. Na wanda ya riga ya kamu ne, ba na mai leƙowa ba.

Ƙofa ta huɗu: bayan ta manyanta

Edward Kłosiński ya rasu a Janairun 2008 bayan fama da sankarar huhu. A 2009 Wajda ya fitar da *Tatarak*, sunan wata ciyawar bakin kogi mai ƙamshi. Asalinsa gajeren labarin Jarosław Iwaszkiewicz ne: Marta, matar wani likita a ƙaramin gari, ta rasa 'ya'yanta maza biyu a boren da mutanen Warsaw suka yi wa mamayar Jamus a 1944, tana ɗauke da cutar ajali ba ta sani ba, mijinta ya sani ya ɓoye mata. Sai zuciyarta ta karkata ga wani saurayi da ya yi sa'ar 'ya'yanta. Amma fim ɗin bai tsaya a nan ba. Janda ta rubuta abin da ta gani a watannin jinyar mijinta, ta ba Wajda, shi kuma ya saka shi a cikin fim ɗin. Sai ka ga an yanke daga labarin Marta, ga Janda ita kaɗai a ɗakin otal mai duhu, kyamara a kafe ba ta motsi, tana zagaye tsakanin gado da taga tana ba da labarin mutuwar mijinta na gaskiya. Sau da yawa ma ba ta fuskantar kyamarar.

Wanda ya fara da wannan fim zai ga wata dattijuwa tana magana a ɗaki, ya tausaya mata, shi ke nan. Wanda ya riga ya ga yarinyar nan mai wandon jins tana ratsa baranda, ya kuma san mutumin da ake ba da labarin mutuwarsa shi ne ke riƙe da kyamarar a ranar, abin da zai ji daban ne. Shi ya sa nake roƙon kowa ya ajiye *Tatarak* sai ƙarshe. Ya samu kyautar Alfred Bauer a bikin finafinai na Berlin a 2009.

Ɗayan shi ne *Słodki koniec dnia* na Jacek Borcuch, 2019, wanda ya ba ta kyautar wasa ta musamman a bikin Sundance na Amurka. Ta fito a Maria Linde, marubuciyar waƙoƙi 'yar Poland mai kyautar Nobel da ke zaune a yankin Tuscany na Italiya, tana da miji da jikoki, tana kuma hulɗa da wani matashi ɗan Masar. Bayan harin bam a birnin Rum ta yi wani jawabi da ya tayar da ƙura, fushin gari kuma ya faɗa kan baƙi. Ga mai son ganin yadda Turai ke kallon baƙin haure da Musulmi a 'yan shekarun nan, akwai abin tattaunawa a ciki. Shi ne mafi sauƙin kallo ta fuskar hoto da sauti, don sabo ne. Amma a ganina bai kai sauran ƙarko ba, kuma halin Maria zai ɓata wa mutane da yawa rai. Kowanne cikin biyun kimanin awa ɗaya da rabi ne, kuma dukansu suna ɗauke da batun matar aure da saurayi.

| Ƙofa | Tsawo da kuɗi | Ƙarko | Sauƙi | Kasada | Rabonta |
|---|---|---|---|---|---|
| Finafinan Wajda, 1977 da 1981 | Sama da awa 5, mafi tsada | Na farko sosai, na biyu matsakaici | Sai da sanin tarihi | Fagen tuɓe kaya, giya | Babba a na farko, kaɗan a na biyu |
| *Przesłuchanie*, 1982 | Kusan awa 2 | Yana zama a rai, maimaitawa da wuya | Ana ganewa kai tsaye | Mafi girma | Fim ɗin nata ne |
| *Dekalog* kashi na 2, 1988 | Ƙasa da awa 1, mafi araha | Mafi ƙarko | Magana kaɗan, sai fassara mai kyau | A batun take | Ita da likitan |
| *Tatarak*, 2009 | Kimanin awa 1 da rabi | Sosai, ga wanda ya san tarihinta | Labari cikin labari | Mutuwa, matar aure da saurayi | Babba |
| *Słodki koniec dnia*, 2019 | Kimanin awa 1 da rabi | Matsakaici | Mai sauƙi | Matar aure da saurayi, giya | Babba |

Game da kwafin da ake samu kyauta a intanet: kafin ka saki data, ka tsallaka tsakiyar fim ɗin ka kalli minti 2. Idan rubutun ƙasan allo yana riga bakin mai magana ko yana biyo shi a baya, ko jimlolin ba su haɗa ma'ana ba, ka bar shi. Manhajojin da ake biya duk wata kuma suna sauke fim idan yarjejeniyarsu ta ƙare, kuma abin da ake gani a Turai ba lallai a gan shi a nan ba, don haka ka nemi sunan fim ɗin a cikinsu tukuna kafin ka biya.

Wa ya dace da wacce

Mai ƙaramar data da yamma ɗaya, wanda yake son ya san ko matar nan ta cancanci lokacinsa, ya ɗauki *Dekalog* kashi na 2. Haka ma wanda yake son abin da za a kalla a zauna a yi muhawara a kai tsakanin manya.

Ɗan jarida, ɗalibin tarihi ko na siyasa, da duk wanda ya damu da yadda hukuma ke ƙera gwarzo ta kuma rushe shi, ya fara da Mutumin Mabul, bayan ya ɗan karanta wani abu a kan Nowa Huta da Disambar 1970. Na biyun ya biyo baya idan labarin ƙasar ne ya ja shi. Idan Janda yake nema, zai iya jinkirta shi.

Mai koyon wasa ba shi da mafita sai ya kalli *Przesłuchanie*, amma ya zama na biyu ko na uku a jerinsa, shi kaɗai ko da abokan karatu, da rana, ba daf da barci ba. Wanda ke son fim na zamani da batun da ake kai a yau ya nufi *Słodki koniec dnia*. Wanda ya yi jinyar wani nasa har ya rasa shi zai ga kansa a *Tatarak*, sai dai idan rashin sabo ne ya dakata tukuna.

Washegari na rubuta wa ƙanwata: "Ki fara da *Dekalog* na biyu a daren nan, ki kalli hannunta, ba bakinta ba. Ƙarshen mako ki zo gida da littafin rubutunki, mu kalli Mutumin Mabul a faifaina. Na kurkukun kuma sai kin gama jarrabawa."